Daga Akwatin Masu Sauraro: Abokin Shari'ata Ya Take Umarnin Kotu, Ni Ma In Shiga Gonar?

A wannan mako wasiƙu uku muka ware, dukansu kuwa daga ƙasar Gumel suka fito, kuma da muka duba sai muka ga duk magana ɗaya suke yi, watau abin da ke biyo baya in alƙali ya ba da umarni wani ya ƙi bi. Da yake sha'ani ne na shari'a, wata ma ba a gama ta ba, mun sakaya sunayen masu wasiƙun.

Wasiƙa ta farko wani manomi ne ya aiko ta daga wani ƙauye a ƙaramar hukumar Maigatari. Ya ce suna shari'a da ɗan baffansa a kan wata gona ta gado, alƙali ya ce kowa ya janye hannunsa daga gonar har a gama sauraron shaidu. Shi ya bi magana ya zauna gida. Amma ɗan'uwan nasa, da ya ga hadari ya fara haɗowa, sai ya tafi da 'ya'yansa suka yi binnen gero a gonar kakaf. Da aka yi masa magana sai ya ce ai ko manya a Kano ba su bin odar kotu, balle shi. To, mai wasiƙa yana tambaya: shin shi ma ya je ya shuka nasa a kai, ko ya bari ta tsiro ya sa garma ya kife ta? Kuma wane hukunci ne ke kan wanda ya yi irin wannan?

To Malam, mun gode da wasiƙarka. Amsar tambayarka ta farko gajeriya ce: kada ka shiga gonar nan, ko da ƙafa ɗaya. Umarnin da aka bayar ku biyu ya hau, kuma taka shi da ɗan'uwanka ya yi bai sauke maka naka nauyin ba. Yanzu haka kai ne mai gaskiya a idon alƙali. Ranar da ka sa garma a shukar nan kun zama ɗaya, kai har ma ka fi shi shiga uku, don ban da saɓa umarni za a iya tuhumarka da laifin ɓarnata dukiya da shiga gona ba izini, waɗanda laifuffuka ne masu zaman kansu. Sau da yawa kuma irin wannan ba a garma yake tsayawa ba, sanda da gatari kan biyo baya. Tsalle ɗaya ake yi a faɗa rijiya, amma sai a yi dubu ba a fita ba.

Na san abin da ke cin ranka, kuma ba ƙaramin abu ba ne. Daminar ƙasarku gajeriya ce, daga Yuni zuwa Satumba an gama magana. Wanda shukar fari ta wuce shi da mako biyu ko uku, ya san a rumbu zai ga bambancin. Saboda haka in na ce kada ka shiga gona, ba ina nufin ka naɗe hannu ka jira ranar da aka ɗaga shari'a ba. A'a. Gobe-goben nan ka kama hanyar kotu.

Bari mu fara da abin da ake kira raina kotu, don mutane da yawa sun ɗauka zagin alƙali kaɗai ke nan. Iri biyu ne. Akwai wanda ake yi a gaban alƙali yana zaune: a ɗaga masa murya, a zagi abokin shari'a, a tayar da hayaniya, ko shaida ya ƙi amsa tambayar da aka ce ya amsa. Wannan alƙali ya gani da idonsa, yana da ikon hukuntawa nan take. Tsohuwar dokar Final Kod ta Arewa, a sashe na 155, ta tanadi ɗaurin da zai iya kaiwa wata shida, ko tara, ko duka biyu, ga wanda ya ci mutuncin mai shari'a ko ya katse masa aiki da gangan. Ko lauyoyi ba su tsira ba. A watan Yuli na 2022, Babbar Jojin jihar Akwa Ibom ta aika da wani lauya gidan yari na wata guda daga cikin zauren kotu, abin da ya jawo ce-ce-ku-ce a ƙasa baki ɗaya.

Iri na biyu shi ne naku, watau wanda ake yi a bayan idon alƙali: an ce ka yi ka ƙi, ko an ce ka bari ka aikata. Shi wannan alƙali bai gani ba, kuma ba zai taɓa sani ba sai an je an gaya masa. Nan ne mutanenmu suke yin sake. Sai mutum ya zauna yana cewa ai kotu ta san abin da ta faɗa. Kotu ba ta da ɗan aike da ke zagaya gonaki yana duba wa ya bi wa ya ƙi. Kai ne idonta.

Abu na farko, ka je wurin rijistaran kotun ka nemi kwafin umarnin a rubuce, mai sa hannu da hatimi. Ka sa wanda ya iya karatu ya karanta maka shi kalma bayan kalma. Wani lokaci abin da mutum ya ji a zaure daban, abin da aka rubuta daban. An ce kada kowa ya shiga gonar ne, ko kuwa an ce kada a sayar ko a jinginar kawai? In na biyun ne, to shuka ba ta saɓa komai ba, sai dai ka nemi sabon umarni. Sa'an nan ka tabbata shi ɗan'uwan naka ya san da umarnin, ko yana nan aka faɗa, ko masinjan kotu ya kai masa hannu da hannu. Ba a ɗaure mutum a kan umarnin da bai sani ba.

Abu na biyu shaida. Tun da maganar tana iya kai mutum kurkuku, doka tana son a tabbatar da ita kamar yadda ake tabbatar da laifi, ba tare da wani kokwanto ba. Ka nemi maƙwabtan gona da suka gan shi yana shuka, ka sanar da bulama ko dagacinku don ya zama da saninsa, in kana da waya mai hoto ka tsaya daga kan hanya ka ɗauka. Daga kan hanya na ce, ba daga cikin gona ba.

In shari'arku a Babbar Kotu take, akwai tsari sananne da doka ta shimfiɗa, tsohuwar doka ce tun ta 1945 wadda ke kula da yadda ake zartar da hukuncin kotu. Lauyanka zai nemi a fitar da wata takarda da ake kira Fom 48. Takardar gargaɗi ce, a jikinta ake manna umarnin, ana gaya wa mutum cewa muddin bai bi ba zai zama mai laifin raina kotu kuma za a iya kai shi gidan yari. Dole a damƙa masa ita a hannunsa. In ya ji gargaɗi ya janye, shi ke nan. In ya yi kunnen ƙashi sai a bi shi da Fom 49, wadda ke kiransa ya zo gaban kotu ya faɗi dalilin da zai hana a ɗaure shi. Zai zo, a saurare shi, ya kawo hanzarinsa. In hanzarin bai karɓu ba, sashe na 72 na wannan doka ya ba kotu ikon tsare shi har sai ya bi umarnin. Ka lura da wannan kalma, har sai ya bi. Watau mabuɗin ɗakin yana aljihunsa, ranar da ya sauko ya yi abin da aka ce, ya nemi afuwar kotu, ranar za a duba sakinsa. Kuma lauyoyi sun san cewa in aka tsallake mataki ɗaya, misali aka ba matarsa takardar maimakon shi ba da izinin kotu ba, duk aikin yana iya rushewa a sama. Saboda haka kada gaggawa ta sa a yi aikin baban giwa.

In kuwa a kotun shari'ar Musulunci kuke, kamar yadda galibin shari'un gado suke a Jigawa tun da aka mayar da kotunan yanki kotunan shari'a a shekarar 2000, to su suna da nasu ƙa'idojin aiki, kuma ba sai ka ɗauki lauya ba. Ka shigar da kokenka wurin rijistara, ka ce an saɓa umarnin da aka bayar ran kaza, ga shaiduna. Alƙali zai aika masa da sammaci, in ya ƙi zuwa a ba da waranti a kamo shi. Littattafan Malikiyya da alƙalanmu ke aiki da su, irin su Tuhufa da Muhtasar, sun ba alƙali ikon ladabtar da mai taurin kai a shari'a. Wannan ba baƙon abu ba ne da Turawa suka kawo.

Amma bari in gaya maka wani abu da ya fi ɗaurin amfani a gare ka. A ce an ɗaure ɗan baffanka wata guda. Me ka samu? Gero dai yana nan yana girma a gonar, zumunci kuma ya ƙara tsagewa. Abin da ya kamata ka roƙi alƙali tare da kokenka shi ne ya yi magana a kan amfanin gonar na bana. Kotu tana da ikon ɗora wani amintacce a kan abin da ake jayayya a kai, ya kula da shi, in kaka ta yi a girbe a ƙirga dammuna a gaban shaidu a ajiye, wanda ya ci shari'a ya ɗauka, a cire wa wanda ya yi wahala kuɗin aikinsa in kotu ta ga dacewar haka. Ka kuma roƙi a matso da ranar shari'a saboda damina. Alƙalan ƙasar nan 'ya'yan manoma ne, sun san abin da kake faɗa. Da wannan, shukar da ya yi don ya riga ka ba ta ba shi komai ba. Kuma kada ka manta, alƙali mutum ne, yana lura da wanda ya girmama maganarsa da wanda ya taka ta.

In kuma dattawa suka shiga tsakani aka yi sulhu, madalla, ai sulhu alheri ne. Sai dai ku koma kotu tare ku faɗa, a rubuta sulhun ya zama hukunci. In kuka yi shi a zaure kuka watse, umarnin farko yana nan da ransa, kuma gobe wani yana iya tayar da shi.

Yanzu sai mu zo ga maganar da ɗan'uwanka ya kafa hujja da ita, cewa manya ba su bi. Wannan ita ce kuma tambayar mai wasiƙa ta biyu, wani malamin makaranta kuma manomi daga Gagarawa, wanda ya ce shin dokar raina kotu talaka kaɗai aka yi wa? Ban yi mamakin fitowar wannan tambaya daga Gagarawa ba, inda maganar gona tsakanin manoma da hukuma ta yi zafi tun lokacin da gwamnatin jiha ta ware hekta 12,000 a yankin don kamfanin Lee ya noma rake.

Malam, ba zan ɓoye maka ba, tambayarka tana da tushe. Tsarin mulkin 1999, a sashe na 287, ya ce hukuncin kotu wajibi ne a kan kowace hukuma da kowane mutum. A takarda ke nan. A aikace kuwa mun ga abin da muka gani. Kanar Sambo Dasuki, wanda aka kama a Disamba 2015, kotuna daban-daban sun ba da belinsa, kotun ECOWAS ma ta ce a sake shi a 2016, amma bai fito ba sai ran 24 ga Disamba 2019. A Disamba 2016 Mai shari'a Gabriel Kolawole na Babbar Kotun Tarayya ya ce a saki Shaikh Ibrahim Zakzaky da matarsa cikin kwana 45, a kuma biya su diyyar Naira miliyan 50. Ba a sake su ba sai a Yuli 2021, bayan Babbar Kotun Kaduna ta sallame su. Ko kana son mutanen nan ko ba ka son su, ba shi ne abin dubawa ba. Kotu ta yi magana, hukuma ta yi kamar ba ta ji ba, talaka kuma yana kallo yana koyon darasi.

Ta Kano kuwa, wadda ɗan baffan mai wasiƙa ya ambata, tana bukatar a ɗan tsaya a kanta, don ba daidai take da yadda ake ba da labarinta a bakin kasuwa ba. A 2019 gwamnatin Ganduje ta yi dokar da ta raba masarautar Kano gida biyar, aka ƙara Bichi da Rano da Gaya da Ƙaraye. Ran 9 ga Maris 2020 aka sauke Sarki Muhammadu Sanusi na Biyu, aka naɗa Alhaji Aminu Ado Bayero. Ran 23 ga Mayu 2024 majalisar dokokin jihar ta soke waccan doka, Gwamna Abba Kabir Yusuf ya sa hannu a ranar, ya kuma mayar da Sanusi. A wannan rana dai Mai shari'a Abdullahi Liman na Babbar Kotun Tarayya a Kano ya ba da umarnin a dakata, bisa ƙarar da Sarkin Dawaki Babba, Aminu Babba Ɗan'agundi, ya shigar. Gwamnati ba ta dakata ba, hujjarta kuwa ita ce an riga an gama komai kafin umarnin ya iso gare ta. Ka ga maganar isar da takarda da na gaya maka ɗazu, ga ta nan ta fito a shari'ar sarakuna.

Daga nan sai abu ya rikice. Cikin 'yan kwanaki, Babbar Kotun jihar Kano ta hana Aminu Ado kiran kansa sarki ta kuma hana a fitar da Sanusi daga fada, wani alƙalin Kotun Tarayya kuma ya ce a fitar da shi. Kotu biyu masu daraja ɗaya, umarni biyu masu karo da juna, sarki ɗaya a Gidan Rumfa ɗaya a gidan Nasarawa. Har sai da Alƙalin Alƙalan Nijeriya na lokacin, Olukayode Ariwoola, ya kira shugabannin kotunan biyu Abuja don jin ba'asi. Ran 20 ga Yuni 2024 Mai shari'a Liman ya rushe duk matakan da gwamnati ta ɗauka bayan umarninsa. Ran 10 ga Janairu 2025 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce Kotun Tarayya ba ta da hurumi a kan sha'anin sarauta tun farko. A Maris 2025 kuma ita dai kotun ta ce a dakata da zartar da wannan hukunci nata tun da an wuce Kotun Ƙoli.

A ganina kowa ya yi asara a wannan tirka-tirka, amma wadda ta fi kowa asara ita ce kotu, don kwarjininta ne ya zube a idon mutane. Laifin kuma ba na 'yan siyasa kaɗai ba ne. Lauyan da ya ga an kayar da shi a wannan kotu ya zagaya waccan ya samo umarnin da yake so, da alƙalin da ya ba shi alhali ya san maganar tana gaban ɗan'uwansa, su ma da nasu kason. An sake ganin irinta a Nuwamba 2025, lokacin da tsohon gwamnanmu Alhaji Sule Lamido ya samo umarnin Kotun Tarayya a Abuja na hana jam'iyyar PDP yin babban taronta a Ibadan, wata kotu a jihar Oyo kuma ta ce a yi, aka kuwa yi.

To amma Malam manomi, gaya wa ɗan baffanka kama da wane ba ta wane. Su can kowane ɓangare yana riƙe da takardar wata kotu yana fakewa da ita, ga manyan lauyoyi, ga kuma gwamna wanda sashe na 308 na tsarin mulki ya hana a kama shi ko a ɗaure shi muddin yana kan kujera. Shi fa? Umarni ɗaya ne tak, daga kotu ɗaya, kuma ba shi da rigar kariya ko ta kwabo.

Ba kuma gaskiya ba ne cewa manya ba su taɓa jin zafin abin ba. A ƙarshen 2022 wata Babbar Kotu a Abuja ta ce a kai shugaban hukumar EFCC na lokacin, Abdulrashid Bawa, gidan yarin Kuje, don hukumarsa ba ta mayar wa wani babban hafsan sojan sama motarsa da Naira miliyan 40 ba kamar yadda aka umarta tun 2018. A watan Nuwamba na shekarar kuma wata Kotun Tarayya ta yanke wa Sufeto Janar na 'yan sanda, Usman Alkali Baba, ɗaurin wata uku a kan ƙin mayar da wani jami'i da aka yi wa ritayar dole. Gaskiya ne babu wanda ya kwana a kurkuku a cikinsu, an janye hukuncin duka biyu bayan sun garzaya kotu sun nuna matakan da aka ɗauka na bin umarnin. Amma ka ga abin da aka shekara da shekaru ana jan ƙafa a kai, da aka ambaci gidan yari sai ga manya suna rawar jiki.

Akwai ma wata tsohuwa da ɗaliban lauya ke karantawa har yau. A 1985, zamanin soja, gwamnatin jihar Legas ta aika da mutane kimanin 150 ɗauke da makamai suka fitar da Odumegwu Ojukwu daga wani gida a Ikoyi, alhali maganar gidan tana gaban kotu. Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce a mayar da shi, gwamnati ta ƙi, ta wuce Kotun Ƙoli tana neman a dakatar da umarnin. A Fabrairu 1986 Kotun Ƙoli, a hukuncin da Mai shari'a Kayode Eso ya jagoranta, ta ƙi biya mata bukata, bisa dalilin cewa wanda ke take umarnin kotu ba shi da bakin neman alfarma a wurin kotu. Soja ke mulki fa a lokacin. Wannan ƙa'ida tana aiki a kan ɗan baffanka kamar yadda ta yi a kan gwamnan soja: muddin yana cikin saɓa umarni, in ya zo neman wata alfarma ana iya ce masa je ka gyara tukuna.

Wani zai ce, to in alƙalin ne ya yi kuskure fa, ko aka ga alamar son kai? Ko da hakan ne, umarni yana nan daram har sai shi alƙalin ya janye shi ko kotun sama ta soke shi. Hanyarka ita ce afil, watau ɗaukaka ƙara. Kuma a nan akwai wani rami da mutane ke yawan faɗawa: shigar da afil kaɗai ba ya tsayar da hukunci. Sai ka nemi umarni na daban na a dakatar da zartarwa, in an ba ka sa'an nan ka huta. Afil kuma yana da wa'adi. Daga Babbar Kotu zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara wata uku ne in hukuncin ƙarshe ne a shari'ar da ba ta laifi ba, kwana 14 kacal in umarni ne na tsakiyar shari'a. Na ƙananan kotuna ka tambayi rijistara ranar da aka yanke hukuncin, kada ka bari sai an ci kasuwa biyu. Wanda ba shi da halin ɗaukar lauya ya nemi ofishin hukumar ba da agajin lauyoyi ta tarayya da ke Dutse.

Wasiƙa ta uku daga wani Alhaji ce, mai harkar shanu a karar Maigatari. Ya ce ya ba wani falke bijimai bashi wata ranar Alhamis, aka loda zuwa Kudu, kuɗi ba su dawo ba. Ya kai ƙara ya yi nasara, an ce a biya shi, ga shi watanni sun shuɗe ko sisi. Yana so ya san ko zai sa a ɗaure mutumin da laifin raina kotu, ko kuwa ya kai shi wurin 'yan sanda.

Alhaji, Allah ya mayar da alheri. Hukuncin biyan kuɗi hanyarsa daban ce. Shi sashe na 72 da na ambata ya cire umarnin biyan kuɗi daga cikinsa ƙarara, don haka Fom 48 ba taka ba ce. 'Yan sanda kuma ba masu karɓar bashi ba ne, dokarsu ta 2020 ta hana su kama mutum a kan bashi ko saɓa alkawarin ciniki kawai, ta kuma hana kama ɗa ko mata a madadin wanda ake nema. In ka bi ta nan, kai da ke bin kuɗi kana iya wayar gari ana bin ka diyya.

Abin da za ka yi shi ne ka koma kotun da ta yi hukunci ka nemi a zartar. Kotu za ta ba ma'aikatanta takardar kama kayansa, dabba ko mota ko hatsi, a yi gwanjonsu a biya ka, in da saura a mayar masa. Ba a taɓa tufafinsa da shimfiɗarsa. Gida ko gona kuwa ba a kai gare su sai an nemi kayan da ake iya ɗauka an ga ba su isa ba, kuma sai da izinin kotu. In ka san bankin da yake ajiya, lauya zai iya neman kotu ta umarci bankin ya biya ka kai tsaye daga kuɗinsa. Ana kuma iya kiransa ya zo ya yi bayanin abin da ya mallaka a gaban alƙali, in ta bayyana yana da hali ƙi ne kawai ya yi, ko ya ɓoye dukiya don kada a kama, to a nan ɗauri yana iya shigowa. In kuwa da gaske karayar arziki ce ta same shi, shari'ar Musulunci ta ce a saurara masa har ya samu, galibi sai a yanka masa biya kaɗan-kaɗan. Amma fa ko ka ga shanunsa a kara ranar kasuwa, kada ka sa yaranka su kora. Ka nuna wa ma'aikacin kotu, shi ya kama.

Ba ka gaya mana inda mutumin yake zaune ba, kuma wannan yana da muhimmanci a gari irin Maigatari. In a wata jiha yake cikin Nijeriya, ana karɓar takardar shaidar hukuncin a kai ta kotun can a yi mata rajista, sai a zartar kamar a can aka yanke. In kuwa mutumin tsallake ne, ta wajen Dungas ko Magarya, to ikon ma'aikacin kotunmu a bakin iyaka ya tsaya, sai wata kotu a Nijar ta duba hukuncin ta amince kafin a taɓa kayansa a can, wannan kuwa doguwar tafiya ce. Abin da ya fi sauƙi shi ne ka riƙe takardar kama kaya a shirye, ka jira ranar da dukiyarsa ta shigo wannan ɓangare. Ka kuma duba ko fatomansa ko dillalin da ya haɗa ku ya tsaya masa a gaban shaidu lokacin cinikin, don in ya lamunce masa, shi ma ana iya kai shi ƙara a nemi kuɗin a hannunsa.

Jama'a, lokaci ya yi mana halinsa. Akwai wasiƙar wata baiwar Allah daga Sule Tankarkar a kan kuɗin ciyar da yara da kotu ta yanka wa tsohon mijinta ya daina kawowa, da ita za mu buɗe fili a mako mai zuwa in Allah ya kai mu. A huta lafiya.